SONA: Kunnen Jirgin Ƙarƙashin Teku Da Ƙarar Da Ta Fi Ƙarfin Kunnen Mutum

Ran Laraba 14 ga watan Nuwamba na shekarar 1923 ba a san irin wannan magana ba, amma ran Talata 14 ga watan Nuwamba na shekarar 2023 ta kusa haɗa ƙasashe biyu faɗa. A ranar ne wani jirgin yaƙi na ƙasar Ostireliya mai suna Toowoomba ya tsaya a tekun da ke daura da Japan, saboda komar masunta ta nannaɗe masa farfela. Aka tura waɗansu sojoji masu nitso su shiga ƙarƙashinsa su kwance ta. Suna cikin aiki sai ga wani jirgin yaƙi na ƙasar Sin ya matso kusa. Gwamnatin Ostireliya, ta bakin Ministan Tsaronta Richard Marles, ta ce an sanar da jirgin Sin cewa akwai mutane a cikin ruwa, amma duk da haka ya kunna na'urarsa ta sona, har dole masu nitson suka fito da ɗan rauni. Hukumomin Sin suka ƙaryata, suka ce jirginsu bai yi wani abin da zai cuci kowa ba.

Ko wane ne mai gaskiya a cikinsu, abin lura shi ne ba a harba harsashi ko guda ba. Ƙara ce kawai ake rigima a kanta. To wace irin ƙara ce wannan, kuma shin kunnen mutum yana jinta?

DUHUN TEKU

Dalilin da ya sa aka koma ga sauti shi ne, a cikin teku ido ba shi da wani amfani. Hasken rana da ƙyar ya ke wuce zurfin mita 200, in kuwa aka kai mita 1,000 sai duhu dunɗum, ko da tsakar rana ce. Na'urar rada da ke hango jiragen sama daga nesa ita ma ba ta aiki a nan, domin ruwan gishiri yana haɗiye igiyar rediyo tun ba ta je ko'ina ba. Sauti kaɗai ne teku ta yarda da shi. A cikin iska yana cin kamar mita 340 a sakan guda, a cikin ruwan teku kuwa wajen mita 1,500, watau ya ninka fiye da sau huɗu, ga shi kuma ba ya saurin mutuwa.

Tun cikin shekarar 1826 aka auna wannan gudu. Wani masani mai suna Daniel Colladon da abokinsa Charles Sturm suka shiga jiragen ruwa biyu a tafkin Janiba na ƙasar Suwizalan, tsakaninsu fiye da kilomita 13. A jirgi ɗaya aka saka ƙararrawa cikin ruwa, aka shirya yadda lokacin da guduma ta doke ta albarushi zai kama da wuta. Na ɗaya jirgin yana ganin walƙiya sai ya fara ƙirga lokaci, kunnensa a bakin wani dogon ƙaho da aka tsoma cikin ruwa, har ƙarar ta iso. Lissafinsu ya ba da mita 1,435 a sakan, kuma na'urorin zamani ba su ƙaryata su da wani abin kirki ba.

Amma sai da masifa ta auku kafin a mai da ilmin nan abin aiki. Cikin watan Afrilu na 1912 babban jirgin nan Titanic ya yi karo da dutsen ƙanƙara da dare, mutum fiye da 1,500 suka halaka. Shekara biyu bayan haka wani injiniya haifaffen Kanada, Reginald Fessenden, ya gwada wata na'ura mai ruri a cikin ruwa, ya ji amsa-kuwwar ƙararta ta dawo daga dutsen ƙanƙara mai nisan wajen mil biyu. Daga nan Yaƙin Duniya na Ɗaya ya ɓarke, jiragen ƙarƙashin teku na Jamus suka shiga nutsar da jiragen kaya ba ji ba gani, aka mance da ƙanƙara aka koma neman hanyar gano maharan.

Bafaranshe Paul Langevin ne ya samo bakin zaren. Akwai wani irin dutse mai ƙyalli da ake kira kwaz, wanda in aka sa masa lantarki sai ya motsa, in kuma aka matsa shi sai ya fid da lantarki. Ke nan dutse ɗaya zai iya zama baki, ya kuma zama kunne. Kafin ƙarshen yaƙin a 1918 Langevin ya ji amsa-kuwwa daga jikin jirgin ƙarƙashin teku. Waɗanda suka ga gwajinsa a tashar Toulon sun ba da labarin cewa ƙananan kifayen da suka gilma ta gaban na'urar mutuwa suka yi, wanda kuma ya tsoma hannunsa a wurin sai ya ji zafi mai tsanani. Ashe tun ran gini aka ga zane. Turawan Ingila suka kira tasu na'urar ASDIC, sunan sona kuwa Amurkawa ne suka raɗa shi lokacin Yaƙin Duniya na Biyu, shi ne kuma ya bi duniya.

Yadda take aiki ba wani abin wuya ba ne ga duk wanda ya taɓa yin kira a gindin dutse ya ji muryarsa ta dawo masa. Na'urar tana sakin ƙara ɗan gajeren lokaci, sai ta yi shiru tana sauraro. In amsa ta dawo bayan sakan huɗu, to sautin ya yi tafiyar mita 6,000 zuwa da dawowa, ke nan abin da ya doka yana nesa da kilomita uku. Ɓangaren da amsar ta fito shi ke nuna inda abin ya ke. Har ma ana gane ko tahowa ya ke yi ko gudu, domin amsar takan ƙara kaifi in yana matsowa, ta yi kauri in yana nisa, kamar dai yadda hon ɗin babbar mota ke canza murya in ta wuce mutum a bakin titi.

KUNNE YANA JI?

Amsar ita ce, wata ana ji, wata ba a ji, kuma abin ya danganta ga inda mutum ya ke tsaye.

Kowane sauti karkarwa ce. Kunnen yaro mai lafiya yana kama sautin da ke karkarwa daga sau 20 zuwa sau 20,000 a sakan guda, amma da girma ya fara zuwa sai na saman ya riƙa zubewa, yawancin magidanta ba su kai ko kusa da nan. Abin da ya haura wannan iyaka kunne ba ya jinsa ko kaɗan, kamar yawancin kukan da jemage ke yi yana laluben hanya da dare. Na'urar da jiragen kamun kifi ke auna zurfi da ita takan yi aiki a kan 50,000 ko 200,000. Wadda ake duba mai juna biyu da ita a asibiti, wadda jikar na'urar Langevin ce, tata karkarwar miliyoyi ce. Waɗannan duk shiru ne a kunnen mutum. Irinsu ne kuma jirgin ƙarƙashin teku ke amfani da su in zai kauce wa nakiya ko ya bi ta ƙarƙashin ƙanƙara, domin siririn sauti yana fito da siffar abu sosai, illa dai ba ya zuwa nesa.

Mai son jin nesa kuwa tilas ya sauko da murya, a nan ne kuma ake shigowa gonar kunnen ɗan Adam. Manyan na'urorin da jiragen yaƙi ke ɗauke da su a ƙarƙashin hancinsu don farautar jiragen ƙarƙashin teku suna aiki ne a wajen 3,000 a sakan. Wannan kusan muryar usur ɗin alƙalin wasa ce, kuma daidai wurin da kunne ya fi kaifin ji. Ba kuma wani ɗan "ƙil" ɗin nan mai daɗi na sinima ba ne. Sau da yawa fito ne mai tsawo da ke hawa yana sauka, ya yi ta maimaituwa har ya gundiri mutanen da ke kwana a ƙasan jirgin. Akwai kuma wata ta Amurka da ake ratayawa a ƙarƙashin jirgi, mai kaurin murya, daga 100 zuwa 500, wadda gurnaninta ke ratsa ɗaruruwan kilomita.

Shi wancan "ƙil" na sinima yana da asali. ASDIC ta zamanin yaƙi tana aiki ne daga wajen 14,000 zuwa 22,000, watau a bakin iyakar ji, saboda haka sai da aka yi dabarar sauko da amsar zuwa muryar da ma'aikaci zai ji ta a abin sauraron da ke kunnensa. Wannan ce masu shirya fim suka ara. Su kuwa Jamusawan da ke can ƙasa ana farautarsu, sun sha bayyana cewa ji suke yi kamar ana watsa tsakuwa a jikin jirginsu. In tazarar da ke tsakanin watsi da watsi ta fara raguwa, sun san an gan su, saura gangunan bam su fara saukowa. Cikin mutum wajen 40,000 da suka yi aiki a jiragen ƙarƙashin teku na Jamus a yaƙin, kusan uku cikin huɗu ba su koma gida ba.

Mutumin da ke tsaye a bakin gaɓa ba safai zai ji kome ba. Fuskar ruwa kamar bango take ga sauti: wanda ya taso daga ƙasa kusan dukkansa komawa ya ke yi, abin da ke tsallakowa cikin iska bai kai kashi ɗaya cikin ɗari ba. Wanda ke cikin jirgi zai iya ji ta jikin ƙarfe ko katako. Amma mai nitso shi ne a bakin wuta. A cikin ruwa sauti ba ta kafar kunne kaɗai ya ke shiga ba, ta ƙashin kai ya ke bi, kuma saboda saurinsa yana isa kunnuwa biyu kusan lokaci guda, sai mutum ya rasa ta ina abin ke fitowa, ya ji kamar a tsakiyar kansa ake bugawa. Ba shi da inda zai juya baya.

Ƙarfin irin wannan na'ura yana kai wa desibel 235 a bakinta. A nan sai a yi hattara, domin jaridu da yawa sukan ɗauki lambar nan su jera ta da 140 na injin jirgin sama, alhali ma'aunin ruwa daban ya ke da na iska, sai an zubar da wajen 60 kafin a kwatanta su. To ko an zubar, abin da ya rage ya wuce duk wata ƙara da mutum ya saba ji a doron ƙasa. Tana raguwa da nisa, amma wanda ke kusa zai iya samun jiri, ya rasa sama da ƙasa, kunnensa ya sami lahani. Mutumin da jiri ya kwashe shi a ƙarƙashin jirgi, kusa da farfela, ba sai an faɗi haɗarin da ya ke ciki ba. Abin da ya sa ke nan dokar sojan ruwa a ko'ina ita ce a kashe sona muddin akwai masu nitso a cikin ruwa.

MAI SHIRU YA FI TSORO

Abin mamaki shi ne, shi jirgin ƙarƙashin teku da ake danganta ƙarar da shi, da wuya ya yi ta. Yana da na'urar, amma kyaftin zai iya yin wata da watanni a teku bai taɓa ta ba. Wanda ya haska tocila a dawa da dare zai ga abin da ke gabansa taku kaɗan, amma duk wanda ke dajin ya riga ya ga inda ya ke. Haka sona mai ƙara take. Ita sai sautinta ya je ya dawo kafin ta amfana, abokin gaba kuwa zuwan kawai ya ishe shi, saboda haka yana jinta daga nisan da ya fi nata ƙwarai. Jirgin da duk amfaninsa ɓuya ne, in ya yi kira ya tona kansa.

Don haka aikinsa na kullum kasa kunne ne. A hancinsa akwai wani babban ƙunshi na ɗaruruwan kunnuwan lantarki, a haƙarƙarinsa akwai waɗansu, sa'an nan yana jan wata doguwar igiya cike da su a bayansa, don ta yi nesa da hayaniyar injinsa. Ma'aikatan sona suna zaune a ɗaki mai duhu, kunne a toshe da abin sauraro, ido a kan allo, kwamfuta tana tace musu sauti. Teku kuwa ba wurin shiru ba ce: ga ruwan sama, ga tsagewar ƙanƙara, ga kukan manyan dabbobi, ga waɗansu ƙananan jatan lande da ke ƙas-ƙas kamar ana suya. Cikin wannan kasuwa ƙwararre zai tsamo bugun farfela guda, ya ƙirga juyinta, ya faɗi yawan fukafukanta, ya ce wannan jirgin kaya ne, wancan na yaƙi. Kowane jirgi da irin muryarsa, manyan ƙasashe kuma suna da taskar waɗannan muryoyi da suke ɓoyonta kamar zinariya. Raunin sauraro ɗaya ne: yana nuna ɓangare amma ba ya faɗin nisa kai tsaye, sai jirgi ya yi ta canza hanya ana lissafi kafin a kintata.

Tun da kunne ne makami, sai gasar ta koma ta wa ya fi shiru. Ana ɗora injuna a kan roba, ana lulluɓe jikin jirgi da fale-falen roba masu shanye sauti, dabarar da Jamusawa suka fara gwadawa a yaƙi na biyu. Girman al'amarin ya fito fili a 1987, lokacin da aka gano cewa wani reshe na kamfanin Toshiba na Japan tare da kamfanin Kongsberg na Norway sun sayar wa Tarayyar Sobiyet injunan sassaƙa ƙarfe da ke iya gyara farfela ta yi laushin murya. Amurka ta fusata, har waɗansu 'yan majalisa suka fito harabar majalisa da guduma suka farfasa rediyon Toshiba a gaban 'yan jarida.

Shirun nan yana da farashinsa. Ran 8 ga Janairu 2005 jirgin Amurka mai suna San Francisco yana sheƙa gudu a zurfin kamar mita 160 a yankin tsibirin Guam, sai ya kai wa wani dutse na ƙarƙashin teku karo, domin taswirar da ya ke bi ba ta nuna dutsen ba, dutse kuma ba ya magana balle a ji shi. Soja ɗaya ya rasu, kusan 100 suka ji rauni. Cikin watan Fabrairu na 2009 kuma aka yi wanda ya fi shi ban al'ajabi: Vanguard na Ingila da Le Triomphant na Faransa, kowanne ɗauke da makaman nukiliya, suka yi karo a tsakiyar tekun Atlantika, babu wanda ya ji zuwan ɗan'uwansa. Da farko Faransawa cewa suka yi suna zaton wani akwatin kaya ne da ya faɗo daga jirgi suka doka. Allah ya kiyaye, ba a rasa rai ba.

Ita teku ma tana da nata wayon. Sauti ba ya tafiya a miƙe, yana lanƙwasa bisa ga ɗumin ruwa da gishirinsa da zurfinsa. Inda ruwan sama mai ɗumi ya haɗu da na ƙasa mai sanyi, jirgi zai iya laɓewa a ƙarƙashin wannan iyaka, ƙarar mai farautarsa ta goce ta wuce. Can kuma wajen zurfin mita 1,000 akwai wani sashe da sauti in ya shiga ba ya fita, sai ya yi ta tafiya kamar ruwa cikin bututu. Masana biyu na Amurka, Maurice Ewing da Lamar Worzel, suka tabbatar da shi a 1944. Amfaninsa ya bayyana ran 15 ga Nuwamba 2017, sa'ad da jirgin ƙarƙashin teku na Ajantina mai suna San Juan ya ɓace da mutum 44. Kunnuwan lantarki da aka dasa a tsibirin Ascension don sa ido kan gwajin makaman nukiliya, nesa da wurin da kamar kilomita 6,000, sun ɗauki wata ƙara ta farat ɗaya a ranar. Bayan shekara guda aka sami ragowar jirgin a zurfin wajen mita 900, ba nisa da inda ƙarar ta nuna.

WAƊANDA BA SU DA MINISTA

Masu nitson Ostireliya sun sami jirgin da za su hau, da likita, da ministan da zai yi magana da yawunsu. Akwai waɗanda ba su da ko ɗaya. Manyan dabbobin teku da ake kira kifin wel, ko da ya ke ba kifaye ba ne tun da haihuwa suke yi suna shayarwa, da sauti suke neman abinci, da shi suke kiran juna. Akwai wani jinsi daga cikinsu mai dogon baki wanda babu kamarsa wajen nitso: an taɓa auna ɗaya ya kai zurfin mita 2,992, wani kuma ya yi minti 222 bai ɗago ya shaƙi iska ba. Su ne suka fi shan wuya.

A watan Mayu na 1996 goma sha biyu daga cikinsu suka fito gaɓar ƙasar Girka a daidai lokacin da ƙungiyar NATO ke gwajin sona a yankin. A tsakiyar Maris na 2000, jiragen yaƙin Amurka suka ratsa tsakanin tsibiran Bahamas da na'urorinsu a kunne, dabbobi 17 suka faɗo kan tudu, bakwai suka mutu, aka sami alamun zubar jini a wajen kunnuwan waɗanda aka bincika. A ƙarshen 2001 rundunar ruwan Amurka da kanta ta amince cewa sonarta ce ta fi dacewa da zama sanadi. Sai kuma Satumba na 2002 a tsibiran Kanari, daura da gaɓar Maroko, inda 14 suka fito yayin wani atisayen soja. Likitocin dabbobi da suka feɗe su suka tarar da kumfar iska a hantarsu da sauran sassan jiki, irin cutar da ke kama mai nitso in ya yi gaggawar tasowa. Abin da masana suka fi karkata gare shi shi ne, ba lalle ƙarar ce ke fasa su kai tsaye ba: firgita suke yi, su rikita tsarin nitson da suka saba, jininsu ya ɓaci.

Sojan ruwa nasu hanzarin shi ne, jiragen ƙarƙashin teku na zamani sun yi shirun da sauraro kaɗai ba ya kama su, kuma ma'aikacin da bai koyi aiki da sona mai ƙara a lokacin zaman lafiya ba, ba zai koya ranar yaƙi ba. Maganar ta kai har Kotun Ƙoli ta Amurka, wadda a watan Nuwamba na 2008 ta goyi bayan rundunar, ta soke waɗansu sharuɗɗan da ƙaramar kotu ta gindaya mata a gaɓar Kalifoniya. Hujjar ba ta banza ba ce, amma da wuya a yarda cewa duk faɗin teku babu wurin atisaye sai makiyayar waɗannan dabbobi.

Gwamnatin Sipaniya ta bi wata hanya dabam. A 2004, bayan an sake samun gawarwaki, ta hana amfani da irin wannan sona a kewayen tsibiran Kanari. A 2013 masanan jami'ar Las Palmas da suka yi aikin fiɗar farko suka ba da rahoto cewa, tun daga ranar da aka kafa dokar, ba a sake ganin garken dabbobin nan ya fito gaɓar tsibiran ba.